Gasar Bournemouth: ita ta buɗe wa kuɗi ƙofa a wasan tanis, kuɗin kuma suka tafi suka bar ta

Duk mai bin wasan tanis ya san ana raba tarihinsa gida biyu, kafin 1968 da bayan 1968. Idan aka ce Novak Djokovic ko Serena Williams sun kafa tarihi, yawanci lissafin daga wannan shekara yake farawa. Amma ba a Wimbledon aka fara wannan sabon zamani ba, ba kuma a Paris ko New York ba. An fara shi ne a Bournemouth, wani gari na bakin teku a kudancin Ingila inda mutane ke zuwa hutu, a filin wani kulob mai suna West Hants, a gasar da ake kira British Hard Court Championships. Yau babu wannan gasa. An buga ta ƙarshe a garin a 1999, kuma tun kafin nan ta daɗe tana jan ƙafa.

An kafa gasar a 1924 a garin Torquay, aka mayar da ita Bournemouth a 1927. Filin da ake buga ta a kai na jar ƙasa ne, irin wanda ake yi da niƙaƙƙen dutse ko garin jan bulo, ba siminti ba kamar yadda sunanta na Hard Court, wato fili mai tauri, zai sa mai karatu na yau ya zata. A wancan zamani Turawan Ingila duk filin da ba ciyawa ba suna kiransa mai tauri. Dalilin kafa ta a fili yake. Ciyawa ba ta buguwa sai da bazararsu, makonni kaɗan a shekara, ga ruwan sama da ba ya jin kira. Ƙasashen Turai da ke tsallaken ruwa kuwa a jar ƙasa suke wasa, don haka ɗan wasan Birtaniya da ke son ya yi abin kirki a Paris, ko ya kare ƙasarsa a gasar kofin Davis, dole ya koyi zamewa a kan ƙasa, ya koyi haƙurin mayar da ƙwallo sau ashirin kafin a ci maki ɗaya. Gasar takan faɗo a ƙarshen Afrilu ko farkon Mayu, daf da gasar Faransa, sai ta zama wurin gwajin ƙarfi.

Ta kuwa yi wannan aiki. René Lacoste na Faransa ya ci ta a 1927 da 1928, a lokacin da Faransawa ke riƙe da ragamar wasan a duniya. Daga 1932 zuwa 1936 Fred Perry ya ci ta sau biyar a jere, kuma a cikin waɗannan shekaru ne Birtaniya ta je har Paris a 1933 ta ƙwace kofin Davis daga hannun Faransa a kan jar ƙasarsu, sannan Perry ya ci gasar Faransa a 1935. Kho Sin-Kie, wanda aka haifa a tsibirin Java yake bugawa da sunan ƙasar Sin, ya ɗauki kofin a 1938 da 1939, a zamanin da ganin ɗan Asiya yana cin babbar gasa a Turai abu ne da ba a saba ba. Yaƙin Duniya na Biyu ya tsayar da ita. Da aka dawo, sai Jaroslav Drobný ya mamaye ta, ya ci sau huɗu tsakanin 1950 da 1957. Shi ɗan Czechoslovakia ne da ya bar ƙasarsa a 1949 saboda mulkin kwaminisanci, Masar ta ba shi takardar zama ɗan ƙasa, kuma da sunan Masar ya ci Wimbledon a 1954. A ɓangaren mata, Doris Hart ta Amurka ta yi shekaru tana cin kofin a farkon shekarun 1950. Rod Laver ma ya ci a 1962, shekarar da ya haɗa manyan gasanni huɗu na duniya, wato Wimbledon da na Faransa da Amurka da Ostareliya, duka a hannunsa.

Duk waɗannan zakaru, a bisa doka, ba a biyan su ko sisi. Nan ne tushen rikicin da ya ba Bournemouth suna.

Hukumar tanis ta duniya, wadda a lokacin ake kira ILTF, ta raba 'yan wasa kashi biyu. Akwai 'yan sha'awa, waɗanda aka ɗauka suna wasa ne don son wasan kawai, su ne kaɗai aka yarda su shiga Wimbledon da gasannin Faransa da Amurka da Ostareliya da kofin Davis. Akwai kuma 'yan sana'a, waɗanda suka sa hannu a kwantiragi suna karɓar kuɗi a fili, su kuma an rufe musu duk waɗannan ƙofofi. Dokar ta fito ne daga tunanin masu hali na Ingila na ƙarni na 19, waɗanda ke ganin mutumin kirki ba ya karɓar lada don ya yi wasa. Mai gadon dukiya zai iya bin wannan doka ba tare da ya ji a jikinsa ba. Ɗan talaka kuwa ko ya bar wasan, ko ya karɓa a ɓoye, ko ya fita. Fred Perry ɗan ma'aikacin masaƙa ne daga Stockport. Bayan ya ci Wimbledon sau uku a jere, ya koma ɗan sana'a a ƙarshen 1936, sai kulob ɗin Wimbledon ya janye masa zama mamba na girmamawa da ake ba kowane zakara.

Bayan yaƙi abin ya zama al'ada: duk wanda ya yi fice sai ya fice. Pancho Gonzales ya tafi a 1949, Ken Rosewall da Lew Hoad a 1957, Laver bayan nasarorinsa na 1962. Suna yawo gari gari, yau a zauren wasan kwando, gobe a kan tamfol da aka shimfiɗa a filin ƙanƙara, su ne gwanayen duniya amma babu wanda ke rubuta sunansu a allon zakaru. Waɗanda suka zauna a matsayin 'yan sha'awa kuma kowa ya san ana ba su kuɗi ta bayan fage da sunan kuɗin mota da masauki, wani lokaci abin da suke samu ya fi na 'yan sana'ar. Shugaban kulob ɗin Wimbledon, Herman David, ya fito fili ya ce tsarin ƙarya ce ake rayuwa a cikinta. A 1960 an kai ƙudurin buɗe wasan gaban taron ILTF a Paris, ya faɗi da tazarar ƙuri'a biyar kacal.

Abin da ya karya lagon masu adawa shi ne gwajin da Wimbledon ta yi a Agustan 1967. Ta gayyato 'yan sana'a takwas suka yi gasa ta kwana kaɗan a babban filinta, BBC ta nuna a talabijin mai launi, jama'a suka cika wurin, Laver ya doke Rosewall a wasan ƙarshe. Kowa ya ga abin da aka hana shi gani shekara da shekaru. A Disamban wannan shekara hukumar tanis ta Birtaniya, LTA, ta kaɗa ƙuri'a da gagarumin rinjaye cewa daga 1968 ba ta san wani ɗan sha'awa ko ɗan sana'a ba, ɗan wasa kawai ta sani. ILTF ta yi barazanar dakatar da ita. Da ta ga ba za a iya yin tanis na duniya babu Wimbledon ba, sai ta kira taron gaggawa a Paris ranar 30 ga Maris 1968, ta amince da gasanni 12 da kowa zai iya shiga a wannan shekara. Bournemouth ba ta fi sauran girma ba. Ita ce dai ta fara zuwa a kalanda.

Ranar 22 ga Afrilu 1968, cikin sanyi da yayyafi, John Clifton na Birtaniya da Owen Davidson na Ostareliya suka buga wasan farko, Davidson ya yi nasara. Tambayar da ke bakin kowa ita ce ko ɗan sha'awa zai iya tsayawa gaban ɗan sana'a. Mark Cox, ɗan Ingila mai shekara 24 da ke bugu da hagu, wanda ya yi karatu a Cambridge, ya ba da amsa. Ya haɗu da Gonzales, wanda ya kusa cika 40, ya sha kashi a turmin farko 6-0, amma ya dawo ya ci wasan a turmi na biyar. Bai tsaya nan ba, ya doke Roy Emerson, wanda bai daɗe da komawa ɗan sana'a ba, kafin Laver ya tsayar da shi a wasan kusa da na ƙarshe. A wasan ƙarshe Rosewall, yana da shekara 33, bayan shekara 11 a waje, ya doke Laver da ci 3-6, 6-2, 6-0, 6-3, ya karɓi fam 1,000.

Mako ɗaya ya isa ya nuna abu biyu. Na farko, 'yan sana'a su ne gwanaye, domin su suka kai ƙarshe. Na biyu, tazarar ba ta kai yadda ake tsoro ba, don haka haɗa su zai haifar da gasa ta gaske wadda mutane za su biya su kalla. Akwai na uku da ba a kula da shi sosai ba a lokacin. Kyautar zakarar mata fam 300 ce, ƙasa da kashi ɗaya cikin uku na ta maza. Virginia Wade ta doke Winnie Shaw ta ci kofin, amma ba ta karɓi kuɗin ba, saboda har lokacin ba a san yadda hukumomin wasu ƙasashe za su ɗauki wanda ya karɓa ba. Haka ya faru da Arthur Ashe a gasar Amurka ta wannan shekara: ya ci kofi a matsayin ɗan sha'awa, dala 14,000 ta tafi hannun Tom Okker wanda ya zo na biyu. A Wimbledon Laver ya samu fam 2,000, Billie Jean King ta samu 750. Wannan bambanci da ya fara bayyana a Bournemouth shi ya kai mata tara ga ɓallewa a 1970 su kafa nasu zagayen gasanni, kuma sai a 2007 Wimbledon ta daidaita kyautar maza da mata.

Ni a ganina buɗe wasan daidai ne, kuma ya zo a makare. Babu abin kewa a tsarin da ke korar gwani saboda ya nemi haƙƙin guminsa, yana kuma rufe ido ga kuɗin da ake miƙawa a ɓoye. Amma wannan gyara ya sauya ma'anar gasar ƙasa gaba ɗaya, kuma Bournemouth na cikin waɗanda suka fara jin sauyin a jikinsu.

A zamanin 'yan sha'awa, hukumar kowace ƙasa ce ke da iko da 'yan wasanta. Ita ke cewa je ka can, kada ka je can, ita ke biyan kuɗin tafiya, ita ke zaɓen wanda zai wakilci ƙasa. Gasa mai ɗauke da sunan ƙasa tana da daraja don hukumar ta ce tana da ita, kuma kofin shi ne ladan. Da kuɗi suka fito fili, ikon ya fara zamewa daga hannun hukumomi zuwa hannun 'yan wasa da masu shirya gasa da kamfanonin talla da gidajen talabijin. A 1970 aka ƙirƙiro zagayen Grand Prix, wanda ya ɗinke gasanni wuri guda yana ba da maki. Attajirin Amurka Lamar Hunt yana da nasa zagayen, WCT, wanda ke ɗaukar manyan 'yan wasa a farkon shekara har zuwa watan Mayu, wato daidai lokacin Bournemouth. A 1972 'yan wasa maza suka kafa ƙungiyarsu ta ATP, a 1973 kusan 80 daga cikinsu suka ƙaurace wa Wimbledon kanta saboda dakatar da Nikola Pilić da hukumar ƙasarsa ta yi, kuma a wannan shekara aka fara jera 'yan wasa da kwamfuta. Daga nan ɗan wasa ya daina tambayar wace gasa ce ta fi tsufa ko wa ya taɓa cin ta. Tambayarsa ita ce nawa ake bayarwa, maki nawa zai samu, kuma ko za ta shirya shi don babbar gasar da ke tafe.

A duka ukun Bournemouth ba ta da ƙarfi. Ƙaramin kulob ne a garin hutu, kujerunsa ba su da yawa, don haka kuɗin ƙofa ba zai yi gogayya da na manyan birane ba. Makonnin da ke gaban gasar Faransa kuwa su ne mafi cunkoso a kalandar jar ƙasa: ga Monte Carlo, ga Rome, ga Hamburg, ga gasannin Sifaniya. Wanda ke son shirin Paris zai zaɓi inda rana take da inda abokan hamayyarsa suke, ba bakin tekun Ingila a watan Afrilu ba inda ruwa zai iya cinye yini guda. Abin ya yi kama da kasuwar da aka karkatar da babban titi daga gefenta: rumfuna na nan, kaya na nan, amma motoci sun koma wata hanya.

Ba a rana ɗaya ta faɗi ba. John Newcombe ya ci a 1969, Mark Cox ya samu rabonsa a 1970, Margaret Court da Evonne Goolagong sun ɗauki kofin mata, sannan Adriano Panatta a 1973, Ilie Năstase a 1974, Manuel Orantes a 1975. Waɗannan manyan sunaye ne, ukun ƙarshe duk sun ci aƙalla ɗaya daga cikin manyan gasanni huɗu. Amma daga rabin shekarun 1970 sai aka fara tsallake shekara ba a yi ba, ɓangaren mata ya fita daga babban zagaye, jerin masu zuwa ya rage nauyi. José Higueras na Sifaniya ya ci ta 1983, daga nan gasar maza ta ɓace daga babban zagayen duniya fiye da shekara goma.

A nan ne nake ganin ba kasuwa kaɗai za a ɗora wa alhaki ba. LTA ba matalauciyar hukuma ba ce. Mafi yawan rarar kuɗin da Wimbledon ke samu kowace shekara hannunta take zuwa, kuma wannan rara ta yi ta ƙaruwa tun da talabijin ya shigo. Hukumar ta zaɓi ta zuba ƙarfinta a makonnin ciyawa na watan Yuni, a Queen's da Eastbourne da Nottingham da Birmingham, inda take da abin da babu wata ƙasa da ke da shi, inda kuma 'yan wasa za su zo da ƙafarsu don shirin Wimbledon. A lissafin kasuwanci zaɓin yana da hujja. A lissafin renon 'yan wasa kuwa an yi asara, domin ƙasa ta bar gasa ɗaya tilo da ke nuna wa yaranta cewa jar ƙasa ma tasu ce.

Dubi jerin 'yan Birtaniya da suka ci gasar Faransa. Peggy Scriven a 1933 da 1934, Perry a 1935, Angela Mortimer a 1955, Shirley Bloomer a 1957, Christine Truman a 1959, Ann Jones a 1961 da 1966, Sue Barker a 1976. Dukansu sun taso ne a zamanin da Bournemouth ke da rai, lokacin da kulob kulob a Ingila ke cike da filayen jar ƙasa. Tun daga Barker babu wani ɗan Birtaniya, mace ko namiji, da ya sake cin kofin mutum ɗaya a Paris. Ba zan ce mutuwar gasa ɗaya ce ta jawo wannan ba. Kulob da yawa sun tone filayensu na ƙasa sun zuba kwalta ko ciyawar roba, don filin ƙasa yana son ban ruwa da shara da mai kula da shi kullum. Amma tone filayen da barin gasar ta mutu daga tunani ɗaya suka fito. Da Andy Murray ya kai shekara 15, Barcelona ya tafi ya koyi wasa a kan jar ƙasa, kuma shi ne ya kai wasan ƙarshe a Paris a 2016, na farko daga maza 'yan Birtaniya tun 1937.

An yi ƙoƙarin tayar da ita. A tsakiyar shekarun 1990 an dawo da gasar mata na ɗan lokaci kafin a kai ta Cardiff. Daga 1996 zuwa 1999 aka yi gasar maza a West Hants a ƙarƙashin zagayen ATP, amma gurbin da aka samu a watan Satumba yake, bayan gasar Amurka, lokacin da manyan 'yan wasa suka gama da jar ƙasa sun fuskanci rufaffun zaure na kaka. Gasar da aka kafa don shirin Paris ta koma ana yin ta wata uku bayan an tashi daga Paris. Gwanayen jar ƙasa na Sifaniya sun zo: Albert Costa, wanda daga baya ya ci gasar Faransa a 2002, ya ɗauki kofin 1996, Félix Mantilla ya ci 1997 da 1998, Adrian Voinea na Romaniya ya ci ta ƙarshe. 'Yan kallon Ingila kuwa 'yan ƙasarsu Tim Henman da Greg Rusedski suke son gani suna cin kofi, su kuma wasansu na fili mai sauri ne. A 2000 aka mayar da gurbin zuwa Brighton, cikin rufaffen zaure, Henman ya ci.

Yadda aka iya ɗauke ta daga wani gari zuwa wani, daga wani irin fili zuwa wani, shi ne babban abin da ya bambanta gasar yau da ta da. A tsarin ATP, gasa gurbi ne a kalanda wanda ake mallaka, ana iya sayar da shi, ana iya kai shi wata nahiya. Sunan ƙasa ba ya kare ta. Gasar Jamus ta Hamburg, wadda ta girmi Bournemouth nesa ba kusa ba, an sauke ta daga sahun manyan gasannin Masters a 2009, aka ba Madrid makonninta na kafin Paris, aka buɗe sabuwa a Shanghai. Hukumar tanis ta Jamus ta kai ƙara kotu a Amurka, ba ta yi nasara ba. Gasar Ireland, wadda aka fara a 1879 kuma a ƙarni na 19 ake jera ta kusa da Wimbledon, ta fice daga babban zagaye tun da daɗewa. Rome ta tsira don tana da babban birni, da fili mai ɗaukar dubban mutane, da hukumar da ta ɗauki gasar a matsayin babbar kadararta ta ci gaba da zuba mata kuɗi. Birtaniya ma tana da irin wannan kadara, amma a kan ciyawa take: a 2024 zakaran Wimbledon, namiji da mace, kowanne ya tafi da fam miliyan 2.7, a shekarar da ƙasar ba ta da gasar jar ƙasa ko ɗaya a babban zagayen maza ko na mata.